Shari'ar Ƙundun Rispa

Rispa matar Situma ta dafa kaza ranar Lahadi, ta ci ƙundun.

A nan ƙasarmu ta ƙabilar Bukusu ƙundun kaza na maigida ne, haka muka taras. Situma kuwa yana Nairobi, yana aikin girki a wani gidan abinci. Sai Kirsimeti yake zuwa, wani Kirsimetin ma gaisuwa kawai yake aikowa ta bakin direban mota. Don haka duk kazar da aka dafa a gidan, Rispa kan sa ƙundun a ɗan kwano ta rufe, ta zagaya shinge ta kai wa wan mijinta, Wasike. Shi ke riƙe wa ƙanensa girman gida. Girman kaɗai ya riƙe. Noma da jinya da makarantar yara huɗu ya bar mata.

Ran nan Wasike ya tafi biki a Kimilili, bai dawo ba sai da yamma. Ya ga gashin kaza a bayan madafa. Ina ƙofar gidana ina sa wa fartanya ƙota, shinge ɗaya ne tsakaninmu, na ji komai.

"Matar ƙanena, na ga gashi."

"Kaza na dafa wa yara, Yaya."

"Madalla. Ina kwanona?"

"Na ci."

Wasike ya sa ɗan yatsa ya sosa kunne. "Kin ci me?"

"Ƙundun. Na jira ka har ya huce, na ɗumama, ya sake hucewa. Sai na ce bari in ji abin nan da nake ta wankewa tun ina budurwa."

"Ke kika ci? Da bakinki?"

"Da shi. Tauri ne ma da shi, Yaya. Ban ga abin da kuke yayi ba."

Da ta tsaya a kan ta ci, watakila da an yi faɗa an gama. Wannan ta ƙarshen ce ta ƙona shi. Ya cire hula ya yi jifa da ita, ya ɗora hannu biyu a ka, ya fita hanya yana kururuwa: "Ta kashe ƙanena! Jama'a, ta kashe Situma!" Mata suka saki tuluna suka sheƙo suna kuka. Wata tsohuwa har ta fara birgima a tsakar gida tana lissafa alherin Situma, alherin da babu wanda ya taɓa gani, kafin aka gane mamacin yana Nairobi lafiyarsa ƙalau. Tsohuwar ta tashi ta kakkaɓe zane, ta ce ita fa kukanta ba zai tafi a banza ba, a ba ta shayi.

Washegari Wasike ya kai ƙara gaban Lusweti, babban dattijon danginmu. Ya ce matar da ta ci ƙundu cewa take babu namiji a gidan, wadda ta ce babu namiji kuwa mutuwar mijinta take kira. Abin da yake nema, a mayar da ita gidan ubanta, yara su zauna tunda na dangi ne.

Aka sa rana. Ni ma ina cikin masu zama.

Gidan da ake wa shari'a shi ke ciyar da dattawa, dattawa kuma ba sa zama a kan miyar ganye. Rispa na da kaji cike da akurki, jajaye masu ƙwai, irin waɗanda ƙungiyar matan ƙauyen ta raba wa membobinta su kiwata. Da ƙwansu take riƙe da gidan. Aka kama ɗaya. Ita ta fige, ita ta dafa, ita ta tuƙa tuwon masara, ta kawo gindin mangwaro ta durƙusa ta ajiye. Sannan ta koma gefe ta zauna a ƙasa, wurin mai laifi.

Ni ban ci ba. Ubana bai koya min cin tuwon wanda nake wa shari'a ba.

Ba a taɓo maganar Rispa ba a ranar. Lusweti ya miƙa hannu zai ɗauki ƙundu, Wasike ya riƙe kwano.

"Baba, gidan ƙanena ne. Ni ne maigida a nan."

"Kai mai ƙara ne. Mai ƙara ba ya cin ƙundu."

"Alƙali ne in ya ci ake kira cin hanci."

"Ni kake faɗa wa haka? Ni da na riƙe ka ranar kaciyarka kana rawar ƙafa kamar ɗan maraƙi?"

Suna wannan har rana ta karkata. Wani tsoho kurma da ke gefe, wanda bai san me ake ciki ba, ya sa hannu ya cinye abin da ake faɗa a kai. Aka ɗage zama. Hukuncin da aka tashi da shi ɗaya ne: zama na gaba a yanka biyu, don zaman lafiya.

A zama na biyu Fasto ya zo da Littafi a hamata. Ya buɗe ya karanta cewa a gaban Ubangiji babu namiji babu mace. Rispa ta ɗago kai, karo na farko.

"Sai dai," in ji Fasto, "na duba daga farko har ƙarshe, ban ga inda aka ambaci ƙundu ba. Abin da Littafi ya yi shiru a kai, na dattawa ne." Ya rufe. Ya leƙa kwano ya tambaya cikin ladabi ko bawan Allah ba shi ne uban kowane gida ba.

Zama na gaba aka yanka uku. Albarkacin kaza ƙadangare kan sha ruwan kasko. Labari ya bazu, tsofaffin da suka shekara ba sa fita saboda ciwon gwiwa suka warke. Kowa ya tuna yana da hikimar da dangi ke buƙata.

A nan ne Lusweti ya yanke hukuncin wucin gadi. Tunda ta ci rabon namiji, za a ɗauke ta a namiji har a gama bincike. Namiji ba ya shiga madafa. Wasike ya kawo kwaɗo ya kulle madafar da ta gina da hannunta, ya sa makulli a aljihu. Girkin dattawa dai yana nan a kanta. Ta jera duwatsu uku a tsakar gida, ga damina. Na sha ganinta ta duƙa a kan wuta, ta rufe bayanta da buhu, tana kare tukunya daga ruwa da jikinta.

Samari suka samu abin wasa. In ta wuce sai su cire hula: "Maigida, ina gajiya? Yaya iyali?" A rafi wasu matan suka riƙa jan zane suna rufe ƙirji in ta iso, umarnin mazansu ne. A coci ta nufi gefen mata, mai tsaron ƙofa ya ce hukuncin dattawa ya hana. Ta nufi gefen maza, suka baje ƙafafu suka cike benci. Ta yi sujadarta a tsaye a bakin ƙofa, rabin jikinta a rana.

Da aka sake zama ta jawo kujera ta zauna, ta ce tana da magana.

"Tashi!" in ji Wasike. "Mace ba ta magana a zaman dangi sai ta bakin mijinta."

"Kun ce ni namiji ce, Yaya."

"A madafa ke namiji ce. A nan mace ce."

"To a gona fa? In san ko ni ce zan yi noma ko matata."

Wasu suka tuntsure da dariya. Lusweti ya ce dariya a gaban shari'a raini ne, kuma ita ta jawo. Tarar kaza ɗaya.

Watan Agusta aka yi ruwa da ƙanƙara, jinkar ɗakin yara ta huje. Rispa ta je ta roƙi Wasike ya turo masu baibaya. Ya ce kowane maigida shi ke baibaye ɗakinsa. Ta roƙi maƙwabta, suka ce ba sa shiga maganar da ke gaban dattawa. Da ƙafafuna na da ne, da na hau mata. Ta jera kwanuka a kan gadon yara, suka cika, ta zubar, suka cika. Autarta ta fara tari irin mai fitowa daga ƙirji. Rannan da safe ta yanko ciyawa, ta ɗaure zane tsakanin ƙafafu, ta jingina tsani ta hau.

Wasike ya fito ya gan ta a sama. Ya yi murna, na ga haƙoransa kafin ya tuna ya ɗaure fuska. Mace a kan jinka! Wannan ya fi ƙarfin danginmu kaɗai, sai an gayyato 'yan'uwa na ƙetaren kogi. Suka zo a kan kekuna, kowa da yunwarsa.

"Kun ce in gyara da kaina," in ji Rispa.

"Mun ce maigida ya gyara."

"Wane ne maigidan?"

"Abin da muke bincike ke nan," in ji Lusweti. "Kada ki riga shari'a."

A wannan zaman ne Dorika ta zo. Tsohuwar ungozoma ce, ita ke shugabancin ƙungiyar mata. A watan Yulin shekarar ta je Nairobi taron nan da matan duniya suka yi, ta dawo da sabon zane da bakin da ya fi na da kaifi. Maza sun riga sun yanke cewa ita ta ɗauko cutar ta shafa wa Rispa, ko da yake Rispa ba ta taɓa wuce Bungoma, babban garinmu, ba. Dorika ta shigo da mata a bayanta, sun fi dattawan yawa. Suka tsaya.

"Mata ba sa tsayuwa a kan maza," in ji Lusweti.

Suka zauna a kan itacen da ke kwance.

"Ba sa zama daidai da maza."

Suka sauko ƙasa. Dorika ta ce, "In akwai rami a kusa ku nuna mana, Baba, mu shiga, in dai za a saurare mu."

Ba a ba ta izini ba, ta yi maganarta. Ta ce ta zauna da mata daga ƙasashen da ba ta iya kiran sunansu ba, baƙaƙe da farare da jajaye. A can ana maganar mace ta gaji gona, ta karɓi albashi daidai da namiji in aikinsu ɗaya, a daina korar ta daga aiki don ta yi ciki. "Na dawo da kaina a sama, na taras da ƙartin ƙauyenmu sun bar gonaki suna shari'ar kayan cikin kaza. Matar nan ita ke noma, ita ke girbi, ita ta sayi kazar, ita ta ba ta tsaba. Wanne a cikinku ya taɓa jefa mata ƙwayar masara?"

"Mama Dorika," in ji Wasike, "ba Nairobi ba ce nan."

"Rufe min baki, na san ka tun kana yawo ba wando."

"To da wandona nake faɗa miki. Yau ƙundu, gobe gona. Jibi su ce a rubuta sunansu a filin kakanninmu. In ba a toshe ƙaramar ɓaraka ba, gini ne zai faɗi."

Wannan ce gaskiya ɗaya da na ji daga bakinsa tun fara shari'ar, shi ma kuɓuce masa ta yi.

Matan suka yanke tasu shawarar a nan take: daga yau babu macen da za ta dafa wa zaman nan ko ruwan zafi. Suka kewaye duwatsun Rispa suka zauna, suka sa ta a tsakiya. Dattawa suka ce girki ba abin tsoro ba ne. Suka fige kaji da kansu, rabin gashin a jiki. Suka fasa matsarmama, nama ya yi ɗaci kamar maganin zazzaɓi. Babu wanda ya san ana tsaga ƙundu a zubar da abin ciki. Mutanen da suka yi shekara saba'in suna cinsa ba su taɓa ganin cikinsa ba. Lusweti ya gatsa, ya haɗu da tsakuwa, haƙorin da yake taƙama da shi ya rabu biyu.

Aka ce kazar Rispa ce ta haɗiyi tsakuwar. Tarar kaza biyu.

Matan suka ɗunguma ofishin dagaci a ƙafa, suna waƙa, Rispa a gaba. Dagaci ya fito ya tarbe su da fara'a. Ya ce gwamnati tana bayan mata ɗari bisa ɗari, shi kansa ya ji a rediyo. Amma gwamnati ba ta leƙa tukunya. Ya ba su shawara su koma su yi haƙuri, a bar kaza cikin gashinta.

"Ai ba a bar ta ba, ranka ya daɗe," in ji Dorika. "An fige."

Kafin su dawo Wasike ya kwashe ragowar kajin ya kai gidansa. Ajiya, ya ce, kada mai laifi ta salwantar da shaida. Matarsa ta ƙi dafawa kwana ɗaya, ta sha mari, ta dafa.

Ƙwai ya ƙare, aka koro babbar 'yar Rispa daga makaranta. Autar tana ta tari. Rispa ta rame har zane ya riƙa zagaye ta sau biyu. Duk safiya sai ta share akurkin da babu komai a ciki, ta zuba ruwa a kasko. Na ce wa Lusweti a gaban kowa, an cinye gidan mace ana neman wanda ya ci ƙundu ɗaya, wannan ba al'ada ba ce, sata ce da hula. Ya dube ni ya ce wanda bai ci tuwon zama ba, ba shi da bakin magana a zama. Aka ce haka ne.

Da kaza ta ƙarshe ta shiga tukunya, sai kowa ya tuna shari'a ba ta da kyau in ta daɗe. 'Yan ƙetaren kogi suka ce girbi ya matso. Masu ciwon gwiwa ciwonsu ya dawo. Aka aika wa Situma ta bakin direba ya zo a rufe magana.

Ya sauka ranar Asabar da kwat da rediyo a kafaɗa, ya yi ƙiba, wuya ya yi layi-layi. Bai shiga ɗaki ya ga yarinyar da ke tari ba sai da ya gaida dattawa ɗaya bayan ɗaya. Ya ce zuciyarsa ta karye da ya ji labari. Ya ce tun ranar yake jin jiri, ashe abin da ke faruwa ke nan.

"Situma," in ji Dorika daga ƙasa inda take zaune, "ba kai na gani a ƙofar wurin taronmu ba, da farar hula da babban kasko?"

Ya gyara wuyan kwat. "Nairobi babba ce, Mama."

"Kana soya ƙundu kana tsirewa a tsinke. Mata sun yi layi har titi. Ni na sayi tsinke biyu a hannunka, har ka ƙara min yaji ka ce in gaida gida."

Dattawa suka juyo gaba ɗaya.

"Wannan daban," in ji Situma. "Kajin kamfani ne, a kwali ake kawo su, da ƙanƙara. Ba su da gida, balle maigida."

Lusweti ya yi nazari, yana shafa kumburin kuncinsa. Ya ce magana ce mai ma'ana. Kazar da ba ta taɓa jin carar zakaran Bukusu ba, al'ada ba ta hau kanta ba.

Da yamma Situma ya kira ni in zama shaida, ya sami matarsa a wajen duwatsunta. Bai yi faɗa ba. Muryarsa ƙasa-ƙasa, kamar mai ciniki.

"Uwar yara, ni ƙundu bai dame ni ba. Na ƙoshi da shi, ko warinsa ba na so. Ki ci goma in kin ga dama. Amma wa ya ce ki faɗa? Uwata ta ci, uwarki ta ci, kowace mace a ƙauyen nan ta taɓa lasa. Sai su ce kyanwa ta ɗauke, maigida ya zagi kyanwa, a kwana lafiya. Ke kaɗai ce mai gaskiya a duniya?"

Rispa tana iza wuta, ba ta dube shi ba.

"Mun gama magana da Baba Lusweti. Gobe ki ce kyanwa ce. Kin ruɗe ne kika ce ke ce. Jinka kuma kyanwar kika bi. Shi ke nan, a buɗe miki madafa, ki koma mace, ni in kama motar Litinin. Maigidana na wurin aiki ba ya jiran kowa."

"Kajina fa?"

"Kaji ai sun tafi. A bar tone-tone."

"Ba mu da kyanwa, Situma. Ba mu taɓa yi ba."

"An samo."

Washegari bayan coci aka taru. Babu kaza, sai miyar ganye, shi ya sa kowa ke sauri. Mai kantin ƙauyenmu ya zo da buhu yana motsi. Ya ce kafin ya kwance sai an yi masa alkawari ba za a taɓa lafiyar kyanwarsa ba, ɓeraye sun dame shi. Lusweti ya ce hukuncin kora ne kawai: za a kore ta daga gidan Situma har abada, ta koma kanti. Mai kanti ya yarda. Ya zazzage buhu.

'Yar kyanwa ce ta faɗo, ba ta fi tafin hannu ba. Ta yi atishawa, ta zauna tana lasar ƙafa.

"Wannan ai ba a haife ta ba lokacin da aka ci ƙundun," in ji Dorika.

"Uwar ta ƙi kamuwa," in ji mai kanti. "Dubi hannuna."

"Jini ɗaya ne," in ji Lusweti. "Uwar ta ci, ita ta sha a nono." Fasto ya gyaɗa kai, ya ce akwai aya mai kama da haka.

Aka ɗaura wa kyanwar igiya a ƙugu, aka ajiye ta a wurin mai laifi, inda Rispa ta saba zama. Ita kuma aka ce ta matso gaba ta durƙusa. Matan ƙungiya suna zaune a bayanta. Yaranta huɗu suna tsaye a ƙofar ɗakin da ta baibaye, babbar ta goya autar.

Na zauna shari'u da yawa a rayuwata, na ga ɓarawon shanu, na ga mai cin iyaka. Ban taɓa ganin taron da kowa ya san ƙarya ce, kowa ya san kowa ya sani, kuma duk suka zuba wa mutum ɗaya ido suna roƙon ta taimaka ta faɗe ta ba. Ba tsoron ƙundu suke ba. In ta ce ita ce, kuma Situma na zaune da ƙibarsa bai mutu ba, to me suka ci wa kajinta?

Lusweti ya yi gyaran murya. "'Yata, dangi sun tausaya miki. Hanya biyu ce. Ki gaya wa taro abin da dabbar nan ta yi, a buɗe madafa yanzu. In kin ƙi, maganarki ta farko ta tabbata, kafin rana ta faɗi ki ɗauki akwatinki. Yara namu ne. Kin ji?"

"Na ji, Baba."

"To wa ya ci ƙundu?"

Ta juya ta dubi yaran. Ta daɗe. Autar ta yi tari, babbar ta jijjiga ta. Daga bayanta wata mata ta raɗa, "Faɗi kawai, Rispa, Allah ya san gaskiya." Wannan karon bakin Dorika ya mutu, don ba ita za a raba da 'ya'ya ba.

Situma ya duƙo. "Kalma ɗaya ce, uwar yara. Kyanwa. Ko a hankali ki faɗa, ni zan maimaita da ƙarfi."

"Babbar tana ji," in ji Rispa.

"To sai me?"

"Gobe ita ma za ta yi aure."

"Sai ta koyi zaman duniya! Faɗi mana, mota ba ta jira."

Rispa ta miƙe tsaye, ba a ce ta tashi ba. Ta je ta kwance igiyar ƙugun kyanwar, ta ɗauke ta ta miƙa wa mai kanti. Ta karkaɗe gwiwoyinta. Sannan ta dubi Lusweti a ido, abin da ba ta taɓa yi ba.

"Baba, ku mayar masa da abarsa, ba ta ci muku komai ba. Ni na ci. Ba zan ce kyanwa ce ba."